Anti, ko ni na kashe mai jegon nan?

Assalamu alaikum Anti. Ni ma'aikaciyar jinya ce, ban cika shekara da fara aiki ba, a wani asibitin gwamnati da ke wajen birni. Mako biyu da suka wuce ina aikin dare na karɓi wata mai jego, yarinya ce 'yar shekara 22, kwananta biyar da haihuwa a gida. Zazzaɓi take yi da ciwon mara, jinin biƙin kuma yana wari. Da yamma aka kwantar da ita, gwajin maleriya ya nuna akwai, aka fara mata allura. Likita ya rubuta antibayotik, amma mijin ya ce sai da safe zai samo kuɗin. Ƙarfe goma na dare zafin jikinta 39.2, bugun zuciya 118, awon jini 100/60. Ƙarfe biyu na tarar zazzaɓin ya sauka, hannuwanta sun yi sanyi ƙalau, tana numfashi da sauri tana surutai. Na gaya wa babbarmu, ta ce ai zazzaɓi ya sauka, in bar ta ta yi barci, kada in tashi likita a banza. Sai na yi shiru. Da asuba awon ya koma 70/40, likita ya zo aka yi ta ƙarin ruwa, kafin ƙarfe takwas ta cika. Likita ya ce sefsis ne. Tun ranar ba na iya barci, da na rufe ido ita nake gani. Anti, ni na kashe ta? So nake in ajiye aikin nan, ina ganin ban dace da shi ba.

Wa alaikumus salam 'yata. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Allah ya jiƙanta, ya ba mijinta da iyayenta haƙuri, ke kuma ya sanyaya miki zuciya.

Ba ke kika kashe ta ba. Ciwon da ya tafi da ita ya kama ta tun kwanaki kafin ki ɗora ido a kanta. Amma ba zan ce miki babu abin da za a iya yi ba, don ke ma kin san ba haka ba ne, kuma in na faɗa ba za ki yarda da sauran maganata ba. A wurare da yawa aka bar lokaci ya ƙwace: kwanakin da ta yi a gida tana zazzaɓi, maganin da aka rubuta ba a saya ba, awon da ba a maimaita ba tsakanin goma da biyu, kiran da ba a yi ba. Wanda ya bi ta hannunki a ciki, kin yi rabinsa. Kin gani, kin kuma faɗa. Abin da ba a koya miki ba shi ne yadda ake faɗa har a ji, kuma a kansa zan fi tsayawa.

Sefsis, wanda mutane ke ce wa gubar jini, ba ƙwayar cutar kaɗai ke ɓarna a cikinsa ba. Ƙwayar ta samu wuri ta zauna, ko mahaifa ko huhu ko mafitsara ko wani gyambo, jiki ya tashi yaƙarta, yaƙin ya wuce gona da iri har ya koma cin gaɓoɓin jikin da kansu. Kamar manomi ne ya kunna wa ciyawar gona wuta, iska ta kwashe ta ta kai rumbu. Jijiyoyin jini sukan saki, ruwa ya riƙa tsiyaya daga cikinsu, jinin da ke isa ƙoda da ƙwaƙwalwa ya ragu. Daga nan fitsari ya ɗauke, mutum ya fara sambatu, numfashi ya ƙaru. In aka kai ga an ƙara ruwa amma awon jini ya ƙi tashi sai da maganin matse jijiya, to an shiga shok. Masanan da suka sabunta ma'anar ciwon a 2016 sun ce a wannan matakin fiye da kashi 40 cikin ɗari ke rasuwa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa a 2017 kusan mutum miliyan 49 suka kamu, miliyan 11 suka mutu, wato kusan ɗaya cikin biyar na duk wanda ya rasu a duniya a shekarar, kuma kusan kashi 85 cikin ɗari a ƙasashe irin namu ne. A cikin matan da ke rasuwa ta dalilin ciki da haihuwa, kusan ɗaya cikin goma shigar ƙwayar cuta ce sanadi. Na kawo miki lambobin nan ne don ki san za ki sake haɗuwa da shi, watakila a cikin watan nan ma.

Mu koma ƙarfe goma na dare, don tun a nan jikinta ya fara magana. Dubi lambobi biyu: bugun zuciya 118, lambar sama ta awon jini 100. A mai lafiya bugun zuciya yana ƙasa da lambar sama sosai. Duk lokacin da kika ga bugun ya kamo lambar sama ko ya wuce ta, ki ɗauka zuciya na gudu ne don ta rufe wani giɓi. Yarinya 'yar shekara 22 jikinta na da ƙarfin riƙe awon jini na tsawon sa'o'i, ki yi ta ganin 100/60 kina cewa da sauƙi, sai ya sake gaba ɗaya a lokaci guda. Shi ya sa faɗuwar awon jini alama ce ta ƙarshe-ƙarshe. Wadda ta zauna jiran ta ta makara.

Gwajin maleriyar nan kuwa ya ɗauke hankalin kowa. A ƙasarmu, musamman da damina, mutum na iya ɗauke da ƙwayar maleriya a jininsa alhali wani abu daban ke neman ransa. Mai jego da zazzaɓi da ciwon mara da jinin biƙi mai wari, mahaifa ake fara tuhuma, ko gwajin ya nuna maleriya ko bai nuna ba. A yi maganin maleriyar, amma kada a tsaya a kanta. Haka ma wanda aka ce taifot ne don gwajin Widal ya nuna, gwajin da ba shi da tabbas ko kaɗan.

Sai ƙarfe biyu. Saukar zazzaɓi abin farin ciki ne in mara lafiya ta yi gumi, ta nemi ruwa, ta gane mutane, bugun zuciyarta ya sauka tare da zafin. In zafi ya sauka amma bugun na nan ko ya ƙaru, hannu ya yi sanyi, ga sambatu, to jiki ne ya gaji har ya kasa yin zazzaɓin. Zafin da ya yi ƙasa da 36 a mai ɗauke da ƙwayar cuta ya fi 39 ba ni tsoro. Idonki ya gaya miki gaskiya a lokacin.

Amma ki lura da wasiƙarki. Ta ƙarfe goma kin ba ni lambobi uku, ta ƙarfe biyu kin ce "da sauri" da "sanyi ƙalau". Ina kyautata zaton haka kika faɗa wa babbarku. Mutumin da ya kwana a tsaye, ga gajiya ga barci, "da sauri" yana da sauƙin turewa. "Numfashinta 30 a minti" ba ya turuwa. Ƙirga numfashi shi ne awon da aka fi wulaƙantawa a asibitocinmu. Ɗauki takardar awo ta kowane gado ki duba layinsa, za ki ga 20, 20, 20 daga sama har ƙasa, ko a bar shi fayau, alhali yana cikin alamomin da ke fara canzawa. In jini bai isa tsoka yadda ya kamata ba, tsami na taruwa a jiki, huhu kuma ya ƙara sauri don ya rage shi. Ba ya buƙatar batir, ba ya buƙatar wuta. Ki riƙe wuyan hannunta kamar kina jin bugu, don in ta san numfashi kike ƙirgawa za ta canza shi, idonki a kan ƙirji ko a kan zanen da ta rufa, ki ƙirga minti guda cur da agogon wayarki. Babba mai lafiya 12 zuwa 20 yake yi. Mai zazzaɓi da numfashinsa ya kai 22 a sa masa ido sosai, wanda ya kai 25 zuwa sama a kira likita. Masanan 2016 ɗin nan sun ware alamomi uku na bakin gado: numfashi 22 ko fiye, lambar sama 100 ko ƙasa, da rikicewar hankali. In biyu suka haɗu, haɗarin mutuwa ya tashi. Marigayiyar ta riga ta samu ɗaya tun ƙarfe goma, da ƙarfe biyu kuwa da alama duk ukun sun cika. Sai dai rashin cikarsu ba ya wanke mutum daga sefsis, don haka kada ki mai da su ƙofa ki rufe.

Ki ƙara da abu biyu da hannu ke yi. Danna farce har ya yi fari, ki saki, jini ya dawo kafin daƙiƙa uku. Masu jego da yawa farcensu na da lalle, to ki danna tsokar kan yatsa ko tsakiyar ƙirji. Sannan fitsari: "Mama, yaushe rabonta da fitsari?" Tambayar ba ta cin minti ɗaya, amma ita ke gaya miki halin da ƙoda ke ciki.

Yanzu maganar babbarku. An raine mu da girmama na gaba, kuma tarbiyya ce mai kyau, ba zan ce ki zubar da ita ba. Amma kunya ba ta da hurumi tsakaninki da mara lafiyar da ke mutuwa. Akwai hanyar da za ki bi ba tare da kin ci fuskar kowa ba. Ki ɗauki awon duka tukuna, ki je da takardar a hannu: "Sista, don Allah zo mu duba gado na huɗu tare, numfashinta 30, tana surutai." Kin ga ba gardama kika kawo ba, gayyata kika yi, kuma mafi yawan manya in suka tsaya a kan gadon da kansu sukan gane. In ta ce a bari, ki ce mata cikin ladabi, "To Sista, zan kira likita, in ya yi faɗa ni na kira." Ki kira. Kiran likita a kan mara lafiyar da ke hannunki aikinki ne, ba alfarma ba ce da sai an ba ki izini. In ya zo ya tarar ba komai, ya yi ƙorafi ya koma, kin yi asarar kwana ɗaya na sakin fuska. Wannan asara ce da ake iya ɗauka.

Shi ma kiran yana da tsari, don wanda aka tasa daga barci ba ya fahimtar dogon labari. Ga misali, lambobin na ƙarfe biyu ni na sa su: "Likita, daga ɗakin mata ne. Gado na huɗu, mai jego kwana biyar da aka kwantar da yamma. Zafinta ya sauka daga 39.2 zuwa 35.8, bugun zuciya ya hau 130, numfashi 30, awon jini 90/50, tana surutai, tun magariba ba ta yi fitsari ba, kuma har yanzu ba a yi mata antibayotik ko ɗaya ba. Ina tsoron sefsis ne. Ina so ka zo yanzu. Kafin ka iso me zan fara?" Ki ambaci sunan ciwon da bakinki, kada ki ji nauyin cewa ke ba likita ba ce. Ki rubuta a fayil lokacin da kika kira da abin da aka ce miki. In minti goma sha biyar ta wuce shiru, ki sake kira, ko ki tura masinja, ko ki nemi na sama da shi.

Abin da ya fi ci mini rai a labarin nan shi ne maganin da ya kwana a takarda. An kwantar da ita da yamma, har ta rasu da safe allurar kashe ƙwayar cuta ba ta shiga jikinta a kan lokaci ba. Ƙa'idar duniya ta kula da sefsis, wadda aka sabunta a 2021, ta ce in akwai shok ko zato mai ƙarfi, a ba da antibayotik cikin sa'a ɗaya. Wani sanannen bincike na 2006 ya nuna cewa bayan awon jini ya faɗi, kowace sa'a da aka jinkirta maganin tana rage damar tsira da kusan kashi 8 cikin ɗari. Wannan jinkirin ba laifinki ba ne, ba kuma laifin mijin ba ne. An miƙa masa takarda mai layi bakwai ko takwas, aljihunsa ba zai ɗauki uku ba, shi kuma bai san wanne ne rai ya rataya a kai ba. Nan ma'aikaciyar jinya ke da abin yi. Ki karɓi takardar ki sa wa layi biyu alama da biro: "Malam, wannan allurar da wannan ruwan, su ne na yanzu-yanzu. Sauran su jira safe. In ba a yi mata su a daren nan ba, ranta na cikin haɗari." Mutanenmu in aka gaya musu gaskiya ƙarara sukan buga waya, su tashi maƙwabci, su jinginar da abin hannunsu. Wanda aka ce wa "a sayo magani" kawai, shi ne ke cewa sai da safe. In kuma da gaske babu, ki nemi mai kula da kantin maganin asibiti ya ba da allurar farko bashi, ko ki tambayi likita ko akwai wani a kabad da zai maye gurbi.

Kafin likita ya iso hannunki ba a ɗaure yake ba. Ki matso da ita gadon da ke kusa da teburinku inda ido zai riƙa kai wa. Ki maƙala mata na'urar yatsa mai auna iskar jini, in iskar jininta ta yi ƙasa ko tana wahalar numfashi ki sa mata oksijin. Ki sa kanula babba, wato allurar robar da ake bari a jijiya, biyu in da hali, tun jijiya ba ta ɓuya ba, don in awon ya kai 70/40 nemanta aiki ne. Ki auna sukari, domin ƙarancinsa ma na sa sambatu, balle ga maleriya. In asibitinku na yin gwajin gano ƙwayar cuta a jini, a ɗebi jinin kafin allura, amma kada a riƙe allura ana jiran kwalba. In an sa robar fitsari, ki manna filasta a jikin ledar ki rubuta lokaci, ki duba duk sa'a. Abin da ake nema rabin mililita ne ga kowane kilo a sa'a, wato mace mai kilo 60 ta ba ki aƙalla mililita 30. Awo kuma ya tashi daga duk sa'a huɗu ya koma duk minti goma sha biyar zuwa talatin.

Ƙarin ruwa na so ki fahimta da kyau, don a nan ake yawan yin ɓarna da kyakkyawar niyya. A littafi za ki ga mililita 30 ga kowane kilo cikin sa'a uku na farko, kusan lita 1.8 ke nan ga mai kilo 60. An tsara wannan ne a inda akwai injin taimakon numfashi a kusa in huhu ya cika da ruwa. Da aka gwada a Afirka sai aka ga wani abu daban. A 2011 an fitar da sakamakon bincike a kan yara fiye da 3,000 masu zazzaɓi mai tsanani a Uganda da Kenya da Tanzaniya: waɗanda aka ɗura wa ruwa da sauri sun fi mutuwa, kusan kashi 10.5 cikin ɗari, a kan 7.3 na waɗanda ba a ɗura wa ba. A 2017 wani binciken a Lusaka ta Zambiya, a kan manya masu sefsis da faɗuwar jini, ya samu kashi 48 sun rasu a rukunin da aka bi tsarin ruwa mai yawa, 33 a ɗaya rukunin. Mu kuma a Arewa muna da ƙarin dalili: ciwon raunin zuciya na masu jego ya yi yawa a wajenmu, tun shekarun 1970 likitoci a Zariya suka yi rubutu a kansa. Mai jegon da ke gabanki tana iya zama da zuciyar da ba za ta ɗauki lita biyu a guje ba. Ba cewa nake a hana ruwa ba, mai shok na buƙatarsa. A ba da shi kashi-kashi, mililita 250 zuwa 500, a tsaya a duba. Bugun ya sauka? Awon ya ɗaga? Hankali ya fara dawowa? Ko kuwa numfashi ne ya ƙaru, ta fara tari, ta kasa kwanciya, ana jin ƙarar ruwa a ƙasan huhu? In na biyun ne ki rage gudun ruwan ki sanar nan take. Likita zai rubuta ya tafi wani ɗakin, ke ce a tsaye lokacin da ledar ke sauka.

In ruwa bai ɗaga awon ba, sai maganin matse jijiya, noradrenalin in akwai, in babu adrenalin. Abin da ake bi shi ne matsakaicin awo: lambar sama, a tara da lambar ƙasa sau biyu, a raba uku. Ana son 65 zuwa sama. Nata na asuba, 70/40, ya ba da 50. Maganin nan ba a wasa da shi. In babu injin turawa sai ƙirga ɗigo, kada a bar dangi su taɓa makunnin, kada a tura wani magani ta layinsa, kuma ki riƙa duba wajen kanular, don in ya zube a ƙarƙashin fata yana kashe naman wurin. Ki kiyayi maganin ciwo irin diklofenak da danginsa ga wadda fitsarinta ya ragu, in kuma ana ba ta antibayotik ɗin nan jentamaisin ki gaya wa likita halin fitsarin kafin allura ta gaba.

Duk wannan ba zai yi aiki ba in tushen na nan. In guntun mabiyiya ya rage a mahaifa, sai an yi wankin mahaifa. In ruɓa ce ta taru, sai an fitar. In asibitinku ba zai iya ba, a tura ta tun tana da ƙarfin tafiya, bayan an yi allurar farko, da ruwa a hannu, da ma'aikaci a motar, an kuma buga waya can sun san tana zuwa. Akwai wani tsari da aka gwada a asibitocin Malawi musamman don masu ciki da masu jego a wuraren da kayan aiki suka yi ƙaranci, kuma abu biyar ya tattara: ruwa, antibayotik, nemo tushe, turawa in ta kama, da sa ido. Ki lura na ƙarshen kacokan aikinmu ne.

Na san za ki ce ku biyu ne a kan gadaje talatin. Gaskiya ne, kuma ba ƙaramin zalunci ba ne ga ma'aikata da marasa lafiya. To ki yi amfani da wadda ke zaune a kan tabarma a gefen gadon. Uwar nan ba ta runtsa ba, ta fi kowa sanin 'yarta. Sai dai in ta ji surutai za ta iya ɗauka iska ce ko gajiyar haihuwa, ta kama tofi ba ta kira ki ba. Tun farkon dare ki ce mata, "Mama, in kin ga numfashinta ya canza, ko ta fara maganar da ba kai, ko jikinta ya yi sanyi, ki taso ni ko ina ina." Ta yi addu'arta, ta kuma kira ki.

Za a ce miki kwananta ne ya ƙare. Haka ne, babu mai wuce ajalinsa, kuma wannan ya kamata ya sauke miki nauyin da kika ɗora wa kanki na cewa rai a hannunki yake. Amma imani da ƙaddara bai hana a buɗe fayil a duba ba. A Najeriya akwai tsarin bitar mutuwar masu ciki da masu jego da jarirai a asibitoci, kuma ƙa'idarsa ba a kama suna, ba a ɗora laifi. Ki samu metiron, wato shugabar ma'aikatan jinya, ku biyu, ki tambaye ta ko an yi bitar wannan rasuwar, ki ce kina so ki halarta. Ki rubuta abin da ya faru da lokutansa tun bai dushe miki ba, iya abin da kika gani, ba tare da kin zagi kowa ba, kuma kada ki ƙara ko ki goge komai a fayil ɗin. Ki je da buƙata biyu a hannu: kabad na gaggawa mai allurar farko da ruwa da kanula wanda za a biya daga baya, da rubutacciyar doka a bango cewa in awo ya kai kaza kowace ma'aikaciya za ta kira likita kai tsaye. Irin wannan takardar ce ke kare ƙaramar ma'aikaciya, don ba sai ta yi jayayya da kowa ba, nuna bango kawai za ta yi. Babbarku kuwa kada ki yi da ita a bayan ido, mai yiwuwa ita ma ba ta barci. Labarin nan kuma kada ya hau WhatsApp ko Facebook, sirrin marigayiya amana ne.

Batun ajiye aiki, kada ki yanke hukunci a cikin makon da ba kya barci. Rashin barcin da ganinta da kike yi abu ne da ke samun ma'aikatan lafiya da yawa bayan irin wannan daren, kuma yakan lafa a hankali. Ki samu wata babba da kika yarda da ita ki zauna ki ba ta labarin tun daga farko. In da hali ki nemi a ɗauke ki daga aikin dare na ɗan lokaci. Ki yi mata addu'a, ki yi sadaka da niyyarta. In wata guda ya wuce abin bai ragu ba, ko kin fara tsoron shiga ɗakin, ko abinci ya fita ranki, ko kika ji rayuwar ma ta ishe ki, ki ga likitan ƙwaƙwalwa ba tare da jin kunya ba, kuma na ƙarshen nan ba a jira da shi ko kwana ɗaya. Ni dai a ganina, yarinyar da ba ta cika shekara a aiki ba ta tsaya a kan gado ƙarfe biyu na dare ta gane akwai matsala alhali na gaba da ita ba ta gane ba, ta dace da aikin nan. In bayan wata uku kin huce kuma har yanzu kina son tafiya, wannan shawararki ce, ba mai zarginki.

Akwai wanda ba ki ambata ba a wasiƙarki: jaririn. Yanzu bai wuce sati uku ba, an haife shi a gida, uwarsa ta rasu da ciwon ƙwayar cuta, ga shi ba nonon uwa. Yana cikin waɗanda sefsis ya fi kamawa. Lambar mijin na cikin fayil. Ki nemi izinin metiron, ke ko ma'aikaciyar lafiyar unguwarsu, a yi musu ta'aziyya a kuma tambayi wa ke riƙe da shi, me ake ba shi, an yi masa rigakafin haihuwa, yaya cibiyarsa. In madarar gwangwani ce, a nuna musu dafa ruwa da ba shi da kofi mai tsabta maimakon bulumboti. A gaya wa kakar cewa in ya ƙi shan abin da ake ba shi, ko jikinsa ya yi zafi ko sanyi, ko numfashinsa ya kai 60 a minti, ko haƙarƙarinsa na shiga ciki, ko ya yi laushi ba ya motsi, ko ya yi jijjiga, ko cibiyar ta yi ja tana ruwa, a kawo shi asibiti a lokacin, ko da tsakar dare ne.